Amsoshin Masu Karatu: Zagayen Unguwar 'Yan Rok a Niyok, Me Ya Rage da Za a Gani?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Yaya. Ni ɗalibi ne a nan birnin Niyok. Tun ina sakandare nake son kiɗan rok, amma tarihinsa ban san komai a kai ba. Abokina ya kawo shawarar mu yanki tikitin wani zagaye da ake yi a ƙafa a unguwar East Village, inda ɗan jagora ke bi da mutane wuraren da tsoffin mawaƙan suka yi tashe. To sai wani da ya taɓa zuwa ya ce kada in yi asarar kuɗina, wai duk an rufe wuraren, banki da shagon tufafi kawai za a nuna mana. Da gaske ne? In kuwa haka ne, me zai hana in buɗe taswira a waya in zaga abina? Daga wani ɗalibi a Niyok.

AMSA: Wa'alaikumussalam ƙanena. Mutumin nan bai yi maka ƙarya ba, an rufe mafi yawan wuraren. Duk da haka ni dai cewa nake ka je, kuma ka bi ɗan jagora, in dai ka dace da na kirki. Bari in bi da kai hanyar tukuna, sai ka auna da kanka.

Unguwar tana kudancin tsibirin Manhattan ta ɓangaren gabas, tsakanin titin Houston da titi na 14. Jirgin ƙarƙashin ƙasa mai lamba 6 zai sauke ka a Astor Place, daga nan komai tafiyar ƙafa ce. Zagayen kan ɗauki kamar awa biyu, kuma tsayuwa ta fi tafiya yawa, don wuraren kusa da juna suke.

Akan fara ne da St. Mark's Place, wato titi na 8 idan ya shigo unguwar. A gini mai lamba 19 zuwa 25 a da akwai zauren taro na 'yan asalin ƙasar Poland da ake kira Dom. A watan Afrilun 1966 mai zane Andy Warhol ya kama hayarsa, ya ɗora ƙungiyar Velvet Underground a kan dandamali, suna kiɗa ana haska fina-finai a jikinsu. Bayan shekara guda wurin ya koma gidan rawa mai suna Electric Circus, shi ma ya rufe a 1971. Yau shaguna ne a ƙasa, gidajen kwana a sama, ba abin da zai tsayar da kai.

Inda za ka tsaya yana gaba, lamba 96 da 98, tsakanin First Avenue da Avenue A. Tsoffin gidajen haya ne guda biyu manne da juna, da tsanin ƙarfe na gudun gobara a fuskarsu. Su ne a bangon faifan ƙungiyar Led Zeppelin na 1975, Physical Graffiti. Ka tsallaka titi ka tsaya ta ɗaya gefen, ka buɗe hoton faifan a wayarka, ka ƙirga benaye. Ginin hawa biyar ne, amma a hoton huɗu za ka samu, domin kwalin faifai tsawonsa da faɗinsa ɗaya ne, sai mai tsara shi ya yanke hawa guda don ginin ya shiga. Tagogin kuwa huda su aka yi a jikin kwalin, in an zura takardar ciki sai haruffa ko hotuna su leƙo ta cikinsu. A matakalar ƙofar lamba 96 ɗin ne kuma Rolling Stones suka ɗauki bidiyon waƙarsu Waiting on a Friend a 1981. Har gobe mutane na zaune a gidajen nan da iyalansu, don haka ka ɗauki hotonka daga titi, kada ka tare musu ƙofa.

Sai bankin da aka gaya maka, lamba 105 Second Avenue, dab da titi na 6. An gina wurin ne a tsakiyar shekarun 1920 a matsayin gidan sinima, lokacin da titin ke cike da gidajen wasan kwaikwayo na Yahudawan da suka yi ƙaura daga gabashin Turai. Ranar 8 ga Maris 1968 wani mai shirya wasanni, Bill Graham, ya buɗe shi da sunan Fillmore East. Yana cin mutum sama da 2,500, kuma akan yi wasa biyu a dare ɗaya, Juma'a da Asabar. A nan Allman Brothers suka naɗi shahararren faifansu na gaban jama'a a watan Maris 1971. Ranar 27 ga Yunin wannan shekarar Graham ya rufe ƙofa, yana kukan cewa manyan ƙungiyoyi sun tsawwala kuɗin wasa, sun kuma fi son manyan filayen da ke cin dubban mutane. Shekara uku da 'yan watanni ke nan kacal. Daga baya aka rushe babban zauren aka gina gidaje, ɓangaren shiga ne ya tsira ya zama banki, da ɗan allon tarihi a jikin bango wanda in ba a nuna maka ba za ka iya wuce shi.

Wuri ɗaya da na sani yana nan kan aikinsa shi ne majami'ar St. Mark's da ke titi na 10, ginin 1799. Tun 1966 ake karanta rubutattun waƙoƙi a cikinta. Ranar 10 ga Fabrairun 1971 mawaƙiya Patti Smith ta tashi ta karanta nata, Lenny Kaye na kaɗa mata jitar lantarki a gefe, kuma daga wannan dare tafiyarsu ta kiɗa ta samo asali.

To yanzu sai uwa uba, lamba 315 a titin Bowery, inda shahararren gidan kiɗan nan CBGB yake a da. A wancan zamani Bowery matattarar mashaya ce da waɗanda duniya ta juya wa baya, kuma a saman ginin ma masauki ne na marasa galihu, inda ake biyan 'yan kuɗi kaɗan a kwana. Wani mutum mai suna Hilly Kristal ya buɗe wurin a watan Disambar 1973 da niyyar kawo kiɗan karkarar Amurka da bulus (blues, tsohon kiɗan baƙaƙen Amurka). Abin da bai shirya masa ba shi ne, a watan Agustan wannan shekarar wani tsohon otal a Broadway ya rufta, mutum huɗu suka mutu, kuma a jikinsa ne Mercer Arts Center yake, ɗaya daga cikin 'yan wuraren da ƙananan ƙungiyoyi irin su New York Dolls ke samun dandamali. Yaran suka rasa wurin wasa. A ƙarshen Maris 1974 'yan ƙungiyar Television suka fara wasa a wurin Kristal, ranar 16 ga Agusta Ramones suka biyo baya, sai Blondie, sai Patti Smith, sai Talking Heads a 1975. Sharaɗinsa shi ne ka zo da waƙarka, ban da rera ta wani. Wannan sharaɗi ya yi aiki fiye da yadda kowa ya zata, don ya tilasta wa samarin da ba su gama iya jita ba su zauna su rubuta nasu. Ramones, 'yan unguwar Forest Hills ta Queens waɗanda ba 'yan'uwan juna ba ne sai dai sun ɗauki suna ɗaya, suka fito da waƙoƙi masu gudun tsiya, kowacce kamar minti biyu. Faifansu na farko a 1976 waƙa 14 ne cikin minti 29. Wannan salon ne aka sa wa suna pank, kuma da suka je Landan a watan Yulin 1976 sun tarar da samarin can a shirye suke su karɓa.

CBGB ya rufe ranar 15 ga Oktoban 2006, Patti Smith ce ta yi wasan ƙarshe. Kristal ya rasu a shekarar da ta biyo. A 2008 wani kamfanin tufafi masu tsada ya buɗe shago a wurin. Lokacin da na shiga, sun bar wasu sassan bangon yadda suke, an rufe da gilashi: takardun talla manne kan takardun talla, sun yi kauri, sun yi baƙi-baƙi da hayaƙin taba, wani ya yi rubutu da alƙalami wani ya zo ya rubuta a kansa. Abin da ya fi kama ni shi ne ƙuncin ɗakin. Dogo ne siriri, dandamalin can ƙurya. Ka tsaya a ciki ka tuna ƙungiyoyin da suka fito daga nan suka cika duniya, sai ka ga lallai abin bai buƙaci fili ba. Shaguna a unguwar nan suna yawan sauya hannu, don haka ka tambayi jagoran ko ana shiga a halin yanzu. Rumfar ƙofar mai jajayen haruffa kuwa tana gidan tarihin rok da ke Cleveland. Kafin ku bar wurin ka ɗaga kai a mahaɗar Bowery da titi na 2, za ka ga allon Joey Ramone Place, wanda birnin ya kafa a 2003, shekara biyu bayan rasuwar mawaƙin na Ramones. Za ka lura ya fi sauran allunan titi nisa da ƙasa. Masoya ne suka yi ta sace shi har hukuma ta gaji ta ɗaga shi sama.

Yanzu ga dalilin da ya sa na damu da wannan zagaye. Labarin kiɗan unguwar nan labarin kuɗin haya ne, daga farkonsa har ƙarshensa. Tsakanin 1970 da 1980 birnin Niyok ya yi asarar mazauna sama da 800,000. A 1975 saura ƙiris baitulmalinsa ya durƙushe, shugaban ƙasa Gerald Ford ma da farko ya ƙi kai ɗauki. A gabashin unguwar masu gidaje suna gudu su bar gini, wasu gine-ginen ana cinna musu wuta don a karɓi kuɗin inshora. Wahala ce ta gaske, kuma talakawan unguwar, da yawansu 'yan asalin Puerto Rico, su suka fi shan ta. Amma a cikin wannan lalacewar ne yaro mai jita zai iya kama ɗaki da ɗan abin da yake samu daga aikin kwana biyu ko uku a mako, sauran kwanakin ya yi atisaye da abokansa, da dare ya taka zuwa inda za a saurare shi. Arha ce ta ba su lokaci, lokacin kuma ya haifi kiɗan. Da unguwar ta farfaɗo, sunan da mawaƙan suka yi mata yana cikin abin da ya jawo masu kuɗi, haya ta tashi, masu irin wannan rayuwa suka tattara suka haye Brooklyn ko suka bar garin. A 2005 hayar CBGB ta kai dala 19,000 a wata, kuma rigimar haya ce ta kashe shi. Wani abin da ba a cika faɗa ba shi ne, waɗanda ke riƙe da ginin ƙungiya ce mai kula da marasa matsuguni, irin mutanen da Bowery ta saba ɗauka tun fil azal. Shi ya sa ba na yarda da mai ba da labarin nan ya mai da shi na azzalumi da wanda aka zalunta kawai. Bankin da shagon da mutumin nan ya raina, su ne ƙarshen labarin, kuma ganinsu da ido yana koyar da abin da faifai ba zai koyar ba.

Taswirar waya za ta kai ka ƙofar kowane gini, wannan ba musu. Sai dai zagayen nan tamkar zuwa kufai ne: in ka je kai kaɗai fili za ka gani, in ka je da tsohon da ya zauna garin sai ya nuna maka inda kasuwa take da inda rijiya take. Jagoran da na bi dattijo ne da ya yi ƙuruciyarsa a unguwar. Yana ɗauke da jakar tsoffin hotuna, a kowane wuri sai ya zaro ɗaya ya ɗaga shi daidai da ginin, ka ga taga ta hau kan taga, ƙofa kan ƙofa, sai mutanen da ke tsaye ne suka bambanta. Shi ya shigar da mu Extra Place, wani ɗan lungu a bayan CBGB inda aka ɗauki hoton bangon faifan Ramones na uku a 1977, lungun da ni kaɗai ba zan taɓa leƙawa ba.

Kafin ka biya, ka tambaya ko jagoran yana da lasisi, don a Niyok doka ce mai yi wa baƙi jagora don kuɗi ya ci jarrabawar hukumar birni. Ka tambayi yawan mutanen da za a haɗa ku, domin in kun yi yawa ƙarar motocin Second Avenue za ta cinye muryarsa. Sannan ka kasa kunne ka ji ko yana bambanta inda yake ganau da inda yake jiyau. Tarihin rok cike yake da ƙarin gishiri, kuma jagoran da ya ce maka yana nan a kowane dare mai tarihi, ka rage abin da kake ɗauka daga bakinsa. A daren da za ka je washegari, ka saurari faifan Ramones na farko da Marquee Moon na Television da Horses na Patti Smith. Ɗaki ɗaya, wato CBGB, ya fitar da mawaƙan, amma ba wanda ya yi kama da wani. Tukwicin jagora kuma al'ada ce a Amurka, ka tanadi kamar kashi 15 zuwa 20 cikin ɗari na kuɗin tikitin.

TAMBAYA: Malam, barka da aiki. Zan kai wa 'yata ziyara a Amurka tare da autana, shekararsa 16. Ya nace sai an kai shi wannan zagaye na mawaƙan rok a Manhattan. Ni tsorona kada a shiga da shi mashaya, ko a riƙa yaba masa shaye-shaye. Ga kuma maganar salla idan lokaci ya riske mu a can. Daga wata uwa.

AMSA: Hajiya, ranki ya daɗe, tsoronki yana kan hanya. Galibin waɗannan zagaye da rana ake yin su, kuma a kan titi. Amma akwai masu haɗawa da shiga mashaya, musamman na yamma, don haka ki sa 'yarki ta tambaya ƙarara kafin a biya. Dokar Amurka ta hana sayar wa wanda bai kai shekara 21 ba giya, kuma masu irin wancan zagayen kan rubuta haka a tallarsu. Gara in gaya miki tun yanzu cewa a St. Mark's Place za ku ji warin wiwi, don jihar Niyok ta halatta ta ga manya tun 2021, za kuma ku wuce shagunan zanen jiki da na kayan hayaƙi.

Maganar ƙwaya ba za a kauce mata ba, tana cikin tarihin. Hodar iblis da tabar heroin sun yi wa unguwar nan ɓarna mai yawa a shekarun 1970 da 1980. Dee Dee Ramone, wanda ya rubuta da yawa daga waƙoƙin ƙungiyarsu ta Ramones, heroin ce ta kashe shi a 2002, 'yan watanni bayan an karrama su a gidan tarihin rok. Jagora mai hankali da ya binne abokansa ba zai kawo wannan a matsayin abin burgewa ba. Shawarata ki tafi tare da yaron. Ɗan shekara 16 da ya ji wannan labari mahaifiyarsa na tsaye kusa da shi, zai sami wanda zai yi wa tambaya a hanyar komawa gida, kuma ke ma za ki ga abin da ya ja hankalinsa.

Salla kuwa da sauƙi. Akwai Masallacin Madina a mahaɗar First Avenue da titi na 11, wanda Musulmi 'yan asalin Bangladesh suka kafa a 1976, tafiyar 'yan mintoci daga St. Mark's Place. Ki sa takalmi mai taushi, in lokacin sanyi ne ku yi shiri sosai don tsayuwa a waje ta fi tafiya sa jin sanyi, kuma ku kama ruwa kafin a fara, bayan gida na jama'a yana da wuyar samu a unguwar.

TAMBAYA: Yaya, ni fa a ganina rok kiɗan Turawa ne. Akwai baƙar fata ko ɗaya a wannan tarihi da kuke ta yabo? Daga wani mai karatu.

AMSA: Akwai, ɗan'uwa, kuma tun daga tushe. Sister Rosetta Tharpe tana kaɗa jitar lantarki a waƙoƙin majami'a tun shekarun 1940. Chuck Berry da Little Richard sun fito da manyan waƙoƙinsu a 1955. Su Rolling Stones da Led Zeppelin daga bulus ɗin baƙaƙen Amurka suka sha, kuma Rolling Stones ma sunansu daga waƙar Muddy Waters suka ɗauko shi.

A unguwar kanta, a Fillmore East ne Jimi Hendrix ya yi wasan daren shiga shekarar 1970 tare da Billy Cox da Buddy Miles, su uku duka baƙaƙe, wasan da ya zama faifan Band of Gypsys. Miles Davis ya naɗi faifai a wannan dandamali a watan Yunin 1970, B.B. King da Sly and the Family Stone duk sun hau shi. A bidiyon nan na matakalar lamba 96, cikin waɗanda ke zaune akwai Peter Tosh na Jamaika. Bad Brains, samari baƙaƙe daga Washington masu haɗa pank mai tsananin gudu da rege, sun dawo Niyok a 1981, suka naɗi kundinsu na farko a wani ɗan ɗakin naɗi a lamba 171 Avenue A, kuma duk wanda ya yi irin wannan kiɗa a birnin bayansu ya san da su ya koya. Living Colour sun yi ta wasa a CBGB kafin duniya ta san su, kuma mai jitarsu Vernon Reid yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar baƙaƙen mawaƙan rok, Black Rock Coalition, a 1985, daidai saboda kamfanonin faifai na wancan lokaci suna da irin ra'ayinka, suna ganin baƙi ba su da kasuwa a rok.

Gaskiya ne wasu jagororin kan tsallake wannan ɓangare, kuma abin yana ɓata mini rai. In ka je ka tambaya da bakinka. In an tashi ba a kai ku Avenue A ba, ka ƙarasa da kanka, ka zarce lamba 151 Avenue B a gefen dandalin Tompkins Square, gidan da gwanin jaz Charlie Parker ya zauna daga 1950 zuwa 1954. In da sauran ƙarfi a ƙafarka ka yi yamma zuwa lamba 52 West 8th Street, ɗakin naɗin Electric Lady da Hendrix ya gina ya buɗe a watan Agustan 1970, 'yan makonni kafin rasuwarsa. Har yanzu ana naɗar waƙa a cikinsa, don haka ba a barin masu yawon buɗe ido su shiga, daga ƙofa za ka tsaya.